Gundumar da ba a kawo rahotonta ba, wane launi za a shafa mata a taswira?

Ɗan Mabera:

Assalamu alaikum 'yan zaure. Shawara nake nema daga waɗanda suka san aikin ƙididdiga da zanenta, don akwai abin da ya tsaya mini a rai, ga shi taronmu ya matso.

Ni mai tattara bayanai ne a wata ƙungiya da ke aikin tamowa a nan jihar Sakkwato. Duk ƙarshen wata ƙananan asibitoci kan aiko da adadin yaran da aka auna wa damtse da tef ɗin nan mai launi uku: ja ga yaron da bai kai santimita 11.5 ba, ruwan ɗorawa daga 11.5 zuwa 12.5, kore ga wanda ya haura haka. Nawa aikin in zuba lambobin a kwamfuta, in fitar da zane da taswira, a haska a majigi ranar taro. Da wannan taswirar ake yanke cewa gunduma kaza a ƙara mata katan ɗin abincin tamowa, gunduma kaza ta dakata.

To ga inda gizo ke saƙar. Akwai gundumomi can gabas, wajen iyaka, da aka daɗe ba a samu rahotonsu ba. Wani wurin ma'aikatan sun taso saboda 'yan bindiga, wani wurin asibitin a rufe yake, wani kuma babu sabis ɗin da za a turo. Gurbinsu a jadawali fanko ne, manhajar da muke amfani da ita kuma ta ɗauki fanko a matsayin sifili, sai ta shafa musu kore shar. Duk wanda ya kalli taswirar zai ce nan ne yara suka fi ƙoshi a duk jihar. Na nuna wa oga, ya ce in bar shi haka, ai ba mu rubuta ƙarya ba, ba a kawo mana rahoton yaro ko ɗaya ba.

Na biyu zanen ginshiƙai ne. Ba zan faɗi ainihin lambobinmu ba saboda amanar aiki, amma mu ƙaddara bara yara 62 cikin ɗari suka warke, bana 66. In na fara ma'aunin daga sifili, ginshiƙan biyu kusan kai ɗaya suke. Oga yana son a fara daga 60 don masu ba da tallafi su ga an yi aiki.

Tunda ban taɓa lamba ko ɗaya ba, wannan ya shiga ƙarya, ko dabarar aiki ce kawai? Kuma wace hujja zan kai wa mutumin da ya girme ni, shi ke kuma sa hannu a albashina?

Malamar Lissafi, Arkilla:

Wa alaikumus salam ƙanena. Bari in fara da mai sauƙin.

Ɗauki biro ka lissafa. In ka fara daga 60, ginshiƙin bara tsawonsa 2 ne, na bana 6. Ido zai ga ninki uku. Alhali abin da ya ƙaru maki 4 ne a kan 62, ko kashi 7 cikin ɗari na abin da ake da shi bai kai ba. Wanda ke zaune a bayan ɗaki ba ya karanta ƙananan lambobin da ke gefe. Tsawo yake gani, da shi kuma zai koma ofishinsu. Ginshiƙi ba shi da wata hanyar faɗin yawa sai tsawonsa, shi ya sa dole gindinsa ya zauna a kan sifili.

Haka aka ƙirƙiro shi tun asali. William Playfair, mutumin Sikotland, shi ya buga irin wannan zanen a 1786, ya nuna cinikin ƙasarsu da ƙasashe 17. Abin da nake son ɗalibaina su riƙe game da shi: bayanan shekara ɗaya kacal yake da su a kan Sikotland, don haka ba zai iya jan layin shekaru ba kamar yadda ya yi a sauran zanensa. Sai ya nemo siffar da ta dace da abin da ke hannunsa. Bai cike gurbin da babu komai ba.

Wannan ya kawo ni kan taswirarka, wadda ita ce ta fi tayar mini da hankali. Kore a taswirar lafiya magana ce cikakkiya, cewa take yi mun je, mun duba, lafiya lau. Ku kuwa ba ku je ba. Ka shafa wa gundumomin nan ruwan toka, ka sa a makullin taswira, wato ɗan akwatin da ke bayanin ma'anar kowane launi, da manyan baƙaƙe cewa ba a samu rahoto ba. A ƙasa kuma ka rubuta gundumomi nawa cikin nawa suka kawo rahoto a watan. A jadawalin ma ka daina barin gurbin fanko, ka ware musu alama tasu daban don manhaja ta daina lissafa su da sifili.

Hujjar da za ka kai wa ogan naka tana nan cikin gida. Da Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa ta fitar da rahoton talauci na 2019, inda ta ce kashi 40 cikin ɗari na 'yan Najeriya na ƙasa da layin talauci, Sakkwato kuma ta haura kashi 87, ba ta sa Borno a lissafin ba. Ta faɗa a fili cewa rashin tsaro ya hana ma'aikatanta kaiwa wurare da yawa, abin da suka samo bai isa ya wakilci jihar ba. Ba ta rubuta wa Borno sifili ba. In hukumar tarayya za ta iya cewa nan ba mu kai ba, ƙungiyarku ba za ta ji kunyar faɗin haka ba.

Akwai kuma abin da ba ka tambaya ba amma zan tsoma baki. Mene ne kake shafa wa launi, adadin yara ko kaso? In adadi ne, cikin gari zai yi ta fitowa ja saboda nan jama'a suka fi yawa kawai. Sannan ido yana bin faɗin ƙasa. A ƙananan hukumominmu 23, dubi girman Gudu da Tangaza a taswira, ka dubi Sakkwato ta Arewa da ta Kudu waɗanda da kyar za ka ɗora yatsa a kansu, alhali mutane a can suke cunkushe. In kuma kaso kake yi, da me kake rabawa? Ƙidayar ƙarshe a 2006 aka yi ta, lokacin jihar na da mutum kusan miliyan 3.7. Duk abin da muke amfani da shi yau kiyasi ne da aka ɗora a kai, ga shi mutane sun bar ƙauyuka sun taru a garuruwa. Shi ya sa wani lokaci za ka ga rahoton riga-kafi ya ce an yi wa yara fiye da ɗari cikin ɗari. Ka rubuta a ƙasan taswira inda ka samo yawan jama'ar da ka raba da shi.

Baba Dubagari:

Salamu alaikum. Malama ta gama magana ta ilimi, Allah shi ƙara basira. Ni tsohon dubagari ne, na yi ritaya, jikana ya karanta mini tambayarka na ce sai na sa baki.

Ɗana, a aikin sa ido kan cututtuka akwai abin da anka koya muna tun muna sabbin ɗauka. Ko ba ka ga mai cutar ko ɗaya ba a sati, dole ka cika takarda ka rubuta babu, ka sa hannu, ka aika. Don mi? Don a rarrabe wanda ya duba bai gani ba da wanda bai duba ba. Asibitin da ta rubuta babu, hankalinmu kwance. Asibitin da ta yi shiru, ita muke hawa babur mu tafi. A lokacin sanƙarau ko amai da gudawa, garin da anka daina jin ɗuriyarshi shi ya fi ba mu tsoro. To kai yanzu kwamfutarka ta haɗe biyun wuri guda, ta ba su riga ɗaya.

Kuma ka yi tunanin mi ke biyo baya. Kai da bakinka ka ce da taswirar ake rabon katan. Gundumar da mutane ba su samu sun yi noma ba, kasuwarsu ba ta ci, asibitinsu rufe, ita za a ce ta dakata don ta fito kore. Wata mai zuwa ba kaya, ba ma'aikaci, ba rahoto, ta sake fitowa kore. Haka za a yi ta tafiya, ɗiyan mutane na ramewa, takarda na cewa lafiya.

Zancen ba mu taɓa lamba ba kuwa, mai tauye mudu ma bai taɓa gero ba. Gindin mudun ya buga ya shiga ciki, ka gani cike har da tozo, ka je gida ka tarar da ragi. Kowa ya san abin da Suratul Muɗaffifina ta ce a kan haka. Ban ce ogan ka mugun mutum ba ne, amma aikin da ya sa ka yi sunan shi ke nan.

A makarantar koyon aikin lafiya ba a yaye mutum bai ji labarin John Snow ba, likitan Landan. A 1854 kwalara ta faɗa ma wata unguwa da ake kira Soho, ta kashe mutum fiye da 600. Lokacin manyan likitoci sun ɗauka mugun wari ke kawo ta. Shi ya ce ruwa ne. Ya zana titunan unguwar, kowane gida ya ja baƙin layi ɗaya ga kowace gawa, sai ga layukan sun taru kewaye da famfon titin Broad. Wanga shi kowa ke faɗi. Abin da ba a cika faɗi ba, kuma shi ya shafe ka, shi ne wuraren da sunka fito fari a taswirar. Akwai wani gidan yin giya kusa da famfon, ba wanda ya mutu cikin ma'aikatan. Akwai gidan gajiyayyu mai mutum fiye da 500, biyar kaɗai sunka mutu. Snow bai ce to madalla ya wuce ba. Ya bincika, ya tarar kowane na da ruwan shi daban, ba su sha daga famfon. Har wata tsohuwa da ta mutu can nesa da unguwar ya bi sawu, ashe ruwan famfon ake kai mata don tana son ɗanɗanon shi. Anka cire hannun famfon ranar 8 ga Satumba, taswirar kuma sai daga baya ta fito a littafi, 1855. Ka ga ke nan ƙafa ta riga alƙalami. Ba a yarda da farin wuri sai an san dalilin farin shi.

Mu nan ma muna da namu. Katin awon da uwa ke zuwa da shi asibiti, mai layin da ke hawa sama, a ƙasar nan anka gyara shi. Wani likitan yara, David Morley, ya yi aikin a ƙauyen Imesi-Ile can ƙasar Yarbawa wajen ƙarshen shekarun 1950, daga baya duniya ta ɗauka. Na ga matan da ba su yi boko ba suna duba katin su ce layin yaro ya kwanta, ko ya sunkuya. In uwa ta tsallake wata biyu ba ta zo ba, ma'aikaciyar kirki ba ta ɗiga ɗigo a watannin. Gurbi take bari, ta tambayi uwar mi ya faru.

Game da oga, kada ka tare shi gaban mutane, kuma kada ka fara da kalmar ƙarya. Ka buga taswira biyu, ka shiga ofishin shi ku biyu, ka aje ka ce ranka shi daɗe, in baƙin nan sunka tambaye mu yaushe munka auna yara a gunduma kaza, mi za mu ce? Ka bar shi shi ba kanshi amsa. Allah shi yi maka jagora.

Mai Ɗab'i, Tsohuwar Kasuwa:

Baba Allah ya ƙara lafiya. Kan taswira ina bayanku ɗari bisa ɗari. Amma kan ginshiƙai ina ganin an ɗan matsa wa ogan. Maki 4 a warkewar yara ba ƙaramin abu ba ne, rayuka ne, kuma gaskiya ne in an fara daga sifili ba a ganinsu. Mutumin yana tsoron a yanke tallafi ne, in an yanke kuma yaran ne za su ji a jikinsu.

Mafita ita ce a canza irin zanen. Malam Ɗan Mabera, ka bar ginshiƙi ka ja layi, wata bi wata, daga farkon bara zuwa yau. Layi hawa da sauka yake nunawa, ba dole ya tashi daga sifili ba, muddin lambobin gefe sun fito ɓaro-ɓaro kuma ka rubuta 62 da 66 a kan layin kansa. Sai dai ka sa duk watannin, har da na damina lokacin da abinci ke ƙarewa a rumbu, zazzaɓi kuma ya yi yawa. Kada a zaɓi masu kyau kaɗai.

Sai abin da ya shafi sana'ata. Taswirarku ba a majigi za ta ƙare ba. Za a yi mata hoto baƙi da fari a raba, ja da kore kuma in sun shiga injin hoto kusan toka ɗaya suke komawa. Har ruwan tokar da Malama ta ce zai iya ɓacewa a cikinsu. Gara ka yi wa gundumomin da ba rahoto layi-layi a karkace, wannan ko wane inji zai fito da shi. Sauran kuma ka ɗauki launi ɗaya, daga mai haske zuwa mai duhu. Akwai ma maza da dama da idonsu ba ya rarrabe ja da kore, ba kuma za su ɗaga hannu a taro su faɗa ba.

Launi ɗaya yana ɓoye abu da yawa. Ku tuna zaɓen gwamna na 2019, ƙuri'a 342 ce ta raba na ɗaya da na biyu cikin fiye da miliyan ɗaya, amma a taswirar Najeriya launin jam'iyya ɗaya aka shafe Sakkwato da shi kamar kowa ita ya zaɓa. Haka in an sa iyakar launi a kashi 10, gunduma mai kashi 9.8 da mai 10.1 za su sha bamban a launi alhali halinsu ɗaya. In da wuri, ka rubuta lambar a cikin kowace.

Ɗiyar Kanwuri:

Sannunku da ƙoƙari. Ni tarihi nake karanta, ba ƙididdiga ba, amma ina da abu ɗaya. Zancen taswira ba baƙo ba ne a garin nan. Da Bature mai yawon bincike Hugh Clapperton ya zo Sakkwato a 1824, Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya tattauna da shi kan ƙasashe da koguna, aka kuma ba shi taswirar yankin, wadda aka buga a Landan a 1826. Turawa a lokacin neman inda kogin Kwara ya faɗa teku suke yi ido rufe, sai 1830 'yan'uwan nan biyu, Richard da John Lander, suka bi shi har bakin teku. Taswira in ta bar hannun mai ita, ba shi ke zaɓar wanda zai karanta ta ba.

Shi ya sa nake roƙonka yayana, ka lura da abin da kake sakawa. Taswirar da ta nuna ƙauyen da ma'aikata ke zuwa har yanzu, da ranar zuwansu, da inda ake ajiye kaya, in wani ya ɗauke ta a waya ta shiga WhatsApp, ba ka san inda za ta kwana ba. Wadda za a haska a taro ta tsaya a matakin gunduma. Kada kuma a ɗiga gidajen yaran. A ƙaramin ƙauye ɗigo ɗaya ya isa kowa ya san gidan wane ne, uwar kuma ita za a yi ta nunawa da baki.

Ɗan Mabera:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Baba, na bi shawararka, na shiga da taswira biyu. Ya daɗe yana kallon mai layi-layin, sannan ya ce a tafi da ita, har ya ce in jera sunayen gundumomin a shafi na gaba don a nemi hanyar kai musu ta hannun masu sa kai na cikin gari. Zanen layin ma ya karɓa, ko da yake ya so a cire watan Agusta, na ce in an cire za a tambaya.

Saura ɗaya Malama. Akwai gundumar da asibiti ɗaya ya kawo rahoto, sauran shiru. Ita fa? In na yi mata layi-layi na zubar da aikin wanda ya kawo, in na ba ta launi kuma kamar na ce duka aka auna.

Malamar Lissafi, Arkilla:

Ka ba ta launin abin da aka kawo, ka ɗora layi-layin a kai amma sirara, a makulli ka rubuta rahoto bai cika ba. Ku zauna da ogan ku tsayar da ƙa'ida tun kafin ku ga lambobin wata mai zuwa, misali duk gundumar da ƙasa da rabin asibitocinta suka kawo rahoto haka za a yi mata, ku rubuta ƙa'idar a ƙasan taswira, kada kuma a canza ta wata-wata.

Ka kuma bincika wane asibitin ne ya kawo. Sau da yawa na bakin titi ne, wanda ya fi tsaro, kuma mutanen ƙauyukan da aka tasa can suke kai yaransu. Lambarsa za ta iya yin sama sosai ba don yaran garin sun fi ramewa ba. Ka kira ma'aikacin ka tambaye shi daga ina yaran suke zuwa, in yana rubuta garinsu a rajista ya turo maka hoton shafin, a rufe sunayen yaran da na iyayensu.